Giyar Mota Mai Canja Kanta: Aikin Da Ya Rage Bayan An Ajiye Sifana

Jama'a, akwai wata rigima da ta yi yawa a garejin kanikawanmu cikin 'yan shekarun nan, kuma kusan ko ina siffarta ɗaya ce. Mai mota ya ga giyarsa ta gaji, sai ya tattara ɗan abin da ya tara, ya nufi Ƙofar Ruwa a Kano, ko ya yi saƙo kasuwar Ladipo ta Ikko, ya sayo wani akwatin giya cikin waɗanda a ke kwancowa daga motocin ƙasashen waje. Bakanike ya kwana biyu yana fama, ya ɗaura, ya zuba mai, ya karɓi ladansa. Kafin mako ya kewayo sai ga mota ta komo. In za ta canja giya sai ta yi harbi kamar jaki, ko kuwa inji ya yi ta ruri, mota ba ta ja. Mai mota ya ce bakanike ya cuce shi, bakanike ya ce mai kaya ne ya ba da ruɓaɓɓe, mai kaya kuwa ya rantse lafiya lau ya fid da kayansa.

Sau da yawa cikin su ukun nan ba wanda ya yi ƙarya. Abin da ya faru shi ne, an gama aikin ƙarfe, an bar aikin ƙwaƙwalwa. Giyar otomatik ta zamanin nan wata 'yar kwamfuta ce ke tuƙa ta, wadda kanikawa ke ce wa birenbos na giya, mu kuwa a nan za mu riƙa ce mata ƙwaƙwalwar giya. In an sāke akwatin giya, ko an sāke ita ƙwaƙwalwar, wajibi ne a daidaita tsakaninsu kafin a ce aiki ya ƙare. Barin wannan ba hasarar kuɗi kaɗai ya ke jawowa ba. Ku dubi direban da ya fito zai wuce tirela a hanyar Zariya, ya taka totur, giya ta tsaya shawara, ga wata mota ta taso masa gaba da gaba.

Yadda Giya Ta Sami Ƙwaƙwalwa

Manyan kanikawanmu a kan Peugeot 404 da 504, da Land Rover, da manyan motocin Bedford suka koyi sana'a. Giyar waɗannan ta hannu ce, ƙwaƙwalwarta kuwa kan direba. Shi ke jin kukan inji, ya taka kuloci, ya canja. In an gyara irin wannan akwati aka ɗaure kusoshi aka zuba mai, shi ke nan, magana ta ƙare.

Giya mai canja kanta a Amurka ta fara bazuwa. A ƙarshen shekarar 1939 kamfanin General Motors ya fito da wadda ya kira Hydra-Matic, ya sa ta cikin motocin Oldsmobile na 1940. Ita wannan ba waya ko ɗaya da ke faɗa mata abin da za ta yi, da matsin mai kaɗai ta ke aiki. Akwai bawul guda mai jin gudun mota, akwai wani mai jin yadda aka taka totur, su biyu suna ja-in-ja, wanda ya rinjaya shi ke sa a canja giya. Haka aka yi ta tafiya wajen shekara 40.

A 1981 kamfanin Toyota na Japan ya sa ƙaramar kwamfuta ta riƙa sarrafa giyar motarsa Crown. A motocin 1989 kuma Chrysler ya kawo giyar Ultradrive, wadda ke lura da yadda kowane canji ya kasance, ta gyara na gaba da shi, watau giya mai koyo. Daga nan sai yawan giyoyi ya yi ta hawa. Kamfanin ZF na Jamus ya yi mai giya 6 domin BMW a 2001, Mercedes-Benz ya yi mai 7 a 2003, Lexus ya yi mai 8 a 2006, zuwa 2017 Ford da General Motors sun kai 10. Duk sa'ad da giyoyi suka ƙaru, sai canji ya ƙara yawa, ratar kuskure kuma ta ƙara ƙunci, har ya zama ƙarfe da mai kaɗai ba su iya riƙe lissafin. In kiɗa ya sāke, rawa ma sai ta sāke.

Aikin Da Ta Ke Yi

Cikin akwatin giyar otomatik akwai jerin fayafayan kuloci da na birki masu yawa, kowane jeri yana jiƙe cikin mai. In an tura mai da ƙarfi bayan wani jeri sai ya matse ya kama, in an janye man sai ya saki. Kowace giya, daga ta ɗaya har ta ƙarshe, ba kome ba ce sai zaɓen waɗanda za su kama da waɗanda za su saki. Masu buɗe wa man hanya kuwa waɗansu 'yan famfuna ne masu aiki da lantarki, kanikawa na ce musu solinoyid, suna zaune a jikin wani faifan ƙarfe mai lunguna da yawa a gindin akwati, watau gidan bawul.

Ita ƙwaƙwalwa tana da 'yan rahoto, su ne sansa. Wani na faɗa mata gudun sandar da ke shigowa daga inji, wani gudun wadda ke fita zuwa ƙafafu, wani zafin mai, wani wurin da direba ya ajiye sandar giya, ko P, ko R, ko N, ko D. Ƙwaƙwalwar inji kuma tana aiko mata labarin yadda aka taka totur da irin ƙarfin da inji ke bayarwa. Da wannan ta ke yanke shawara, ta aika wa kowane solinoyid lantarki gwargwadon matsin man da ta ke so.

To, ga inda wuyar ta ke. Ku ɗauka 'yan dako biyu ne, ɗaya zai miƙa wa ɗaya buhun gero ba tare da an dire shi ƙasa ba. In na fari ya saki tun na biyu bai riƙe ba, buhu ya suɓuce. In kuwa na biyu ya fizga alhali na fari bai saki ba, sai su yi ja, a ji jijjiga. Haka canjin giya ya ke, wani kuloci na saki, wani na kamawa, duka cikin abin da bai kai daƙiƙa ɗaya ba. In an yi saurin saki, inji ya yi ruri, fayafayai su gogu, su yi zafi, su ƙone. In an yi jinkirin saki, mota ta yi harbi, ƙarafa su sha duka.

Domin miƙa buhun nan ya tafi daidai, sai ƙwaƙwalwa ta san abu biyu game da akwatin da ta ke tuƙawa: halin da aka ƙera shi da shi, da kuma irin gajiyar da ya yi daga baya. Na farko rubuta mata shi a ke yi, na biyu kuwa ita ke koyonsa da kanta a kan hanya.

Misalin Toyota Camry

Bari mu ɗauki motar da kowa ya sani a ƙasar nan, mu bi ta daki-daki. Camry ta 2007 mai silinda 6 ta zo da akwatin giya mai giya 6 na gaba, sunansa U660E, kuma irinsa ne cikin Lexus ES 350, da Avalon daga 2008, da Venza mai babban inji. Ƙanensa U760E shi aka sa wa Camry mai silinda 4 daga motocin 2010. Cikin U660E akwai kuloci 2, da birki 3, da solinoyid 7. A Camry ta 2007 ƙwaƙwalwar a jikin akwatin giyar aka ɗaure ta daga waje, a waɗansu motocin kuwa a haɗe ta ke cikin ƙwaƙwalwar inji.

Ko da ya ke injin ƙira ɗaya ke fid da solinoyid dubu-dubu, ba a samun biyu da suka yi daidai da juna sak, ko tagwaye ma ai a kan sami abin da ya raba su. In an ba biyu lantarki daidai wa daida, wani zai buɗe fiye da wani da ɗan kaɗan, kaɗan ɗin nan kuwa ya isa ya ɓata canji. Saboda haka a ma'aikata a kan gwada kowane akwati shi kaɗai bayan an harhaɗa shi, a auna inda ya karkata, a taƙaita sakamakon cikin wata lamba mai haruffa da alƙaluma 60. A kan buga ta a wata 'yar takarda mai hoton nan murabba'i mai ɗige-ɗige da a ke ce wa QR, a liƙa a saman akwatin, sa'an nan a rubuta ta cikin ƙwaƙwalwar motar da za ta ɗauke shi. Mu kira ta lambar daidaito. Kowane akwati da tasa, kamar zanen yatsa.

Kun ga ke nan abin da ke faruwa in bakanike ya sauke tsohon akwati ya ɗaura wani, ya mai da tsohuwar ƙwaƙwalwa. Tana nan riƙe da lambar akwatin da aka jefar, tana ba sabon umurni da awon wani. Littafin gyara na Toyota da kansa ya yi gargaɗi cewa lambar da ba daidai ba tana kawo fizga wajen canji.

Sa'an nan ga maganar koyo. Yayin da fayafayai ke cinyewa da tsufa, ratar da ke tsakaninsu tana ƙaruwa, sai an ƙara mai kafin su kama. Ƙwaƙwalwa tana gane haka ta wurin gwada gudun sandar shiga da ta fita, sai ta riƙa ƙara lokaci da matsi kaɗan-kaɗan, tana ajiye abin da ta koya. Bayan shekara goma ta zama kamar mahayin da ya saba da tsohon doki mai nawa, wanda sai an sa masa ƙaimi da ƙarfi. A ba mahayin nan doki mai jini a jika, ya sa masa ƙaimi irin na dā, ai kun san inda za a tsince shi. Domin haka dole a goge abin da ta koya, ta fara sabon karatu.

Camry mai silinda 4 ta 2007 zuwa 2009, wadda ta fi yawa a titunanmu, akwatinta mai giya 5 ne, U250E, ba shi da lambar daidaito. Amma shi ma in an sāke shi sai an goge tsohon koyo.

Kowace Cuta Da Maganinta

Aikin nan ba da sifana a ke yinsa ba, da na'urar bincike a ke yi, wadda a ke cusa wayarta cikin wani soket mai baki 16 a ƙarƙashin sitiyari. Tun daga motocin 1996 dokar Amurka ta tilasta wa kowace ƙaramar mota da za a sayar can ta zo da soket ɗin, shi ya sa motocin da a ke kawo mana daga can duk suna da shi. Manhajar Toyota da aka daɗe da sani domin wannan aiki ita ce Techstream, akwai kuma manyan na'urori na waɗansu kamfanoni da ke iyawa. 'Yar ƙaramar nan mai araha, wadda iyakarta ta karanta laifin inji ta kashe wutar gargaɗi, ba ta iya rubuta lamba.

In akwatin giya aka sāke, ƙwaƙwalwa tana nan, sai a kwafi lambar sabon akwatin daga takardarsa a shigar, a goge tsohon koyo, a fita gwaji.

In ƙwaƙwalwa aka sāke, akwati yana nan, sai a karanto lambar daga tsohuwar tun ba a cire ta ba, in tana iya magana, a rubuta wa sabuwar. In ta mutu sarai, sai a koma ga takardar da ke saman akwati.

In kuwa gidan bawul aka sāke, ko solinoyid masu matse kuloci, to lambar da ke kan takarda ta daina faɗin gaskiya, domin kayan da aka auna a ma'aikata ba su ne a ciki ba yanzu. A nan sai a share lambar daga ƙwaƙwalwa ta koma ga awo na tsaka-tsaki, a goge koyo, a bar ta ta gano halin sababbin kayan a kan hanya.

Wani lokaci akwatin da aka sayo ya kan zo da tasa ƙwaƙwalwar ɗaure a jikinsa, sai mutum ya ce ai faɗuwa ta zo daidai da zama, tun da sun san juna. Gaskiya ne sun san juna, amma sai a duba lambar kaya da ke jikinta tukuna. Ƙwaƙwalwar da aka tsara domin wata mota, mai wani nauyi da wani inji, ba lalle ta yi jituwa da ƙwaƙwalwar injin taka ba, ko da soket ya shiga daram.

Akwai abu uku da mutane ke cakuɗawa, ya kamata a rarrabe su. Na ɗaya lambobin laifi, irin su P0700 mai cewa akwai matsala a sashen giya, ko U0101 mai cewa an daina jin muryar ƙwaƙwalwar giya. Na biyu abin da ta koya. Na uku lambar daidaito. Kowane da ɗakinsa, goge ɗaya ba ya taɓa sauran. Wanda ya kashe maka wutar gargaɗi ya ce ya yi wa mota saiti, na farkon kaɗai ya taɓa. Haka kuma al'adar nan ta cire kan batir a jira minti goma, a tsofaffin motoci ta kan yi wani amfani, amma a waɗannan Toyota ya faɗa a fili cewa cire batir kaɗai ba ya goge koyon giya.

Kafin A Taɓa Na'ura

Ƙwaƙwalwa daga abin da ta tarar ta ke koyo. In ta tarar da ɓarna, ɓarnar za ta haddace. Saboda haka akwai abubuwan da za a tabbatar tukuna.

Na fari mai. Akwatunan nan biyu man Toyota mai alamar WS su ke sha, wanda ya fi na dā tsinkewa. Ja ba shi ne shaida ba, man giya iri-iri ne, kusan dukansu kuwa ja ne. In an zuba mai kauri, lokacin cikar kowane kuloci ya sāke, lissafi duka ya rushe.

Na biyu yawan man. Waɗannan akwatuna ba su da sandar awo. Ta wata kusa a gindin kasko a ke dubawa, mota tana tsaye a wuri mai daidai, inji yana aiki, a bar rarar ta zube har ta koma ɗigo. Sharaɗin kuwa shi ne zafin man ya kasance wajen digiri 40 zuwa 45, domin mai yana kumbura in ya yi zafi. To, a nan ƙasarmu tana da tata magana. A watan Afrilu, a Sakkwato ko Maiduguri, zafin iska kansa ya kan wuce digiri 40 da rana, motar da ta shigo gareji daga tafiya kuwa manta ya ninka haka ko kusa. Wanda ya buɗe kusar a lokacin, man da ya kamata ya zauna ciki zai zubar, mota ta tafi da ƙishirwa. Dabara ita ce a bar ta ta kwana, a auna da sassafe, ana duban zafin a fuskar na'ura.

Na uku, bututun da ke kai mai wurin sanyaya shi. In tsohon akwati ya ƙone, garin fayafayansa da ɓarɓashin ƙarfe suna nan kwance ciki. In ba a wanke su ba, ranar farko za su kwarara cikin sabon, su toshe solinoyid.

Na huɗu batir da wayoyi. A duba soket ko mai ya shiga, ko wani baki ya lanƙwashe wajen ɗaurawa, a duba wayar da ke haɗa inji da jikin mota. Wannan ya fi tsanani in aikin ya kai ga zuba wa ƙwaƙwalwa sabuwar manhaja, gama waɗansu kamfanoni fanko su ke sayar da ita, sai an sauko da manhajar ta intanet bisa ga lambar jikin mota mai haruffa 17. In batir ya yi sanyi, ko wuta ta ɗauke wa kwamfuta ana tsakiyar zubawa, ƙwaƙwalwar ta kan sume, wani lokaci ba ta farfaɗowa. Mai hankali ya kan jona wa batir na'urar riƙe ƙarfinsa, ya cika batirin kwamfutarsa, ya kashe fitilu da iyakwandishan, kana ya fara.

Karatu A Kan Hanya

Bayan an shigar da lamba an goge koyo, saura makaranta. A bar inji da giya su yi ɗumi, a nemi hanya shimfiɗaɗɗiya marar cunkoso. Mutum biyu za su fita, ɗaya na tuƙi, ɗaya na duban na'ura, kada mai tuƙi ya raba idonsa biyu. A tashi a hankali da totur kaɗan, a bar giya ta hau da kanta ɗaya bayan ɗaya har ta ƙarshe, sa'an nan a sassauta sannu-sannu har a tsaya cik, ta sauko da su duka. A maimaita haka sau da dama, ana sauraro. Za a ji fizgar tana raguwa daga zagaye zuwa zagaye. In ta lafa, sai a ƙara totur kaɗan a sāke bi. A tsaye kuma, ƙafa a kan birki, a riƙa kai sanda daga N zuwa D, da daga N zuwa R, ana dakatawa kaɗan a kowane.

Ranar nan ba ranar gwada gudu ba ce, ba kuma ranar lodin buhuna ba. Yaron gareji da ya fita da mota ya taka ta ƙasa domin ya ji lafiyarta, fayafayai ya ke gogewa tun ƙwaƙwalwa ba ta san awonsu ba. In an komo sai a sāke karanta lambobin laifi, a leƙa ƙasa ko mai na yoyo.

'Yar tangarɗa kaɗan ta kan saura na 'yan kwanaki, ta gushe da kanta. Amma in inji na ruri mota ba ta ja, ko ta maƙale a giya ɗaya tana ɗingishi, ko an ji ƙaurin mai, to a tsaya a koma gareji. Kada kuma a ɗora wa na'ura abin da ba ta iyawa. Ba ta mai da faifan da ya cinye sabo, ba ta ɗinke robar da ta yage. Akwatin da ya mutu tun a ƙasar da aka kwanto shi, ko an shigar da lamba sau goma, matacce ne.

Sauran Kamfanoni

Kada mai wata mota ya ce wannan ta masu Toyota ce. Ford yana buga lambobi biyu a jikin gidan solinoyid na akwatunansa masu giya 6, su ma sai an shigar. General Motors da Chrysler suna da wani gajeren koyo da na'ura ke sa mota ta yi tana tsaye a gareji. Giyar DSG ta Volkswagen, mai kuloci biyu, sai an sa ta ta auna wurin kamawar kowane kuloci bayan gyara. Mercedes-Benz kuwa a akwatinsa mai giya 7 ya sa ƙwaƙwalwar can ciki tare da gidan bawul, ya kuma ɗaure ta da tsarin hana sata na motar, har ya zama wadda aka ciro daga wata mota ba ta yarda ta yi aiki haka kawai. Hanyoyi sun bambanta, saboda haka littafin gyara na ita motar da ke gabanka shi ne alƙali.

Gargaɗi Ga Mutum Uku

Kai mai mota, tun ba a kwance kusa ko ɗaya ba ka tambayi bakanike, cikin ladabi, wa zai yi aikin na'ura, kuma ko kuɗinsa na cikin jinga. In za ka sayi akwati, ka nemi takardar lamba a samansa, ka ɗauki hotonta da wayarka tun yana ƙasa, domin in an ɗaura shi kayan inji su kan rufe ta. Ka ajiye hoton tare da takardun mota. Ka kuma nemi a nuna maka galan ɗin man da aka zuba.

Kai mai sayar da kaya, 'yar takardar nan rabin darajar akwatinka ce. Yaran shago su kan wanke kaya da fetur da burushin ƙarfe domin su yi ƙyalli, su kankare ta ba su sani ba. Ka hana su. In akwati ya zo da ƙwaƙwalwarsa, kada ka raba su ka sayar dabam-dabam ba tare da an kwafi lambar ba, kuma ka rubuta sunan motar da aka ciro shi da shekararta.

Kai kuma malam bakanike, ba wanda ya raina gwanintar hannunka, ita ce tushe, in babu ita na'ura ba ta da abin da za ta daidaita. Ba kuma abin kunya ba ne ka gama naka ka kira mai na'ura ya ƙarasa, ku raba lada. Amma ka dubi yaran da iyayensu suka damƙa maka. Lamba mai haruffa 60, wadda in an ɗauki 8 a matsayin B, ko 0 a matsayin D, aiki ya ɓaci, ba ta shiguwa sai a hannun wanda ya iya karatu da natsuwa. Littattafan gyara da fuskar na'ura kuma yawancinsu da Turanci su ke. Yaron da aka cire daga makaranta aka kawo gareji, aka ce ai sana'ar hannu ba ta bukatar boko, an yi masa shiri ne domin motocin da ke ƙarewa. Ka bar shi ya je aji da safe ya zo gareji da yamma, ko ya yi aiki da rana ya shiga ajin dare. Nan da 'yan shekaru shi zai riƙe maka na'urar, kuɗin da ka ke ba wani kuwa su zauna a garejinka.